Cikon Benci

Duk wanda ya san kasuwar Dembe a birnin Injamena ya san yadda take da rana tsaka: ƙura, 'yan kilando suna kutsawa da baburansu tsakanin masu tumatir da masu busasshen kifi, ga masu dako suna ihun a ba su hanya da Larabcin Chadi. A gefen wannan kasuwa Kawuna yake da rumfar kwano mai keken ɗinki biyu. Ƙanen mahaifiyata ne. Kakanninmu daga ƙasar Kano suka taso da niyyar aikin Hajji a ƙafa, guzuri ya yanke musu a Fort-Lamy, suka ce bari su ɗan zauna su nemi na gaba. Har aka canza wa garin suna zuwa Injamena a 1973 ba su ci gaba da tafiyar ba. Mu jikokinsu da Hausa muka tashi a cikin gida, da Larabci a kasuwa, da Faransanci a makaranta.

Da rana Kawu tela ne. Da yamma kuwa, idan ya rufe rumfa ya yi la'asar, sai ya naɗe wata tsohuwar hula a aljihu ya nufi filin wata makaranta inda ƙungiyarsu ta wasan kwaikwayo take gwaji. Ya fi shekara ashirin a cikinta, amma ban taɓa ganin an ba shi jarumi ba. In ba mai gadi ba, to ɗan aike. In ba dogari ba, to maƙwabcin da zai shigo ya yi sallama, ya faɗi magana biyu, ya fita. Abokaina suna tsokanata da cewa kawuna cikon benci ne. Ina jin zafin maganar, domin a raina na yarda da su.

A gidan kallo na koyi raina irin wannan matsayi. Lokacin da muke yara gidajen silima na garin duk sun mutu, sai rumfunan zana da talabijin da bidiyo, ka biya riyal biyar, wato sefa 25, ka zauna a benci. Fina-finan Indiya ne da na karate da na James Bond da aka juya zuwa Faransanci. Daga baya kaset-kaset na Hausa suka fara isowa daga Kano, su bi ta Maiduguri da Gamboru, su ratsa Kamaru zuwa Kuseri, su haye gadar Ngeli su shigo mana. Tambaya biyu kawai muke yi kafin mu biya kuɗi: waye jarumin, kuma waye bos? Sauran mutanen da ke cikin fim ɗin a wurinmu kamar kujeru da labule suke.

Sai dai ko a lokacin akwai fuskokin da suka zauna mana a ka ba tare da mun san sunayensu ba. A fina-finan James Bond akwai wani tsoho mai faɗa-faɗa da yake miƙa wa jarumin alƙalami mai fashewa ko mota mai harbi, yana yi masa kashedin ya dawo da kayan lafiya. Da ya bayyana sai benci ya ɗauki tafi, don mun san abin da ya bayar yanzu shi zai ceci jarumin nan gaba. Na girma kafin na san sunansa Desmond Llewelyn, mutumin yankin Wales na Birtaniya, wanda ya fara da wasan dandamali, ya yi shekara biyar a tsare a hannun Jamusawa a Yaƙin Duniya na Biyu, sannan ya riƙe wannan ƙaramin matsayi na Q a fina-finai 17, daga 1963 zuwa 1999. An canza jarumin har mutum biyar suka yi zamani da shi, shi yana nan. A kowane fim 'yan mintoci ne rabonsa.

Haka a cikin gida. Idan mata suka taru kallon fim ɗin Hausa, da Saratu Giɗaɗo ta fito, wadda aka fi sani da Daso, sai ka ji tsaki da salati. Mahaifiyata takan nuna talabijin da yatsa ta ce, "Wannan mata, Allah Ya shirye ki!" Ta manta sunayen 'yan matan da aka yi fina-finan dominsu, amma har yau ba ta manta uwar mijin da ta gasa musu aya a hannu ba. Ranar da labarin rasuwar Daso ya iso, 9 ga Afrilun 2024, a ƙarshen azumi, mahaifiyata ta yi shiru, sannan ta yi mata addu'a kamar wata 'yar uwa da suka daɗe suna faɗa.

Duk wannan bai sa na haɗa shi da Kawu ba. Ina ɗan shekara goma sha tara na roƙe shi ya kai ni ƙungiyarsu, kuma ba don in zama irinsa ba. Shi ya tsaya mini a gaban shugaban ƙungiyar, ya ce, "Ɗana ne, na lamunce shi." Wasanninsu na faɗakarwa ne, da Larabcin Chadi ake yin su a filin unguwa ko harabar makaranta: rigakafin shan inna, auren wuri, tsaftar ruwa. Babu dandamali, sai tabarmi biyu da aka rataya a igiya a matsayin bango. Manyan wasanni na masu ilimi a can cikin gari ake yin su, a cibiyar al'adu ta Faransa ko a gidan al'adu mai sunan marubucin wasan kwaikwayo Baba Moustapha. Mu namu na ƙura ne.

A nan na ga yadda Kawu yake aiki. Shi ne farkon zuwa, ya share fili, ya ɗaura tabarmi. Kayan da kowa zai sa shi ya ɗinka su daga ragowar yadin mutane. Idan an ba shi mai gadi mai magana ɗaya, sai ya zauna ya yanke wa kansa shawarar ko mai gadin nan ya ci abinci yau, ko ana bin sa bashi, ko ƙafarsa ta hagu tana ciwo. Babu wanda ya tambaye shi, babu kuma wanda zai ji wannan a cikin wasan. Na taɓa ce masa, "Kawu, wannan wahala duk ta mece ce, a kan sallama ɗaya?" Ya ci gaba da zura zare a allura, ya ce, "Yaro, in ka ga sarki a wasa, ba rawani ne ya mai da shi sarki ba. Yadda na durƙusa masa ne. In na durƙusa da wasa, an tuɓe shi." Na yi dariya, na ɗauka irin maganar da mutum yake lallashin kansa da ita ce.

A daminar 2010 kwalara ta ɓarke a Chadi, wata ƙungiyar agaji ta ba mu aikin wasa a kan ruwan sha. Mako uku ina gwajin likita, wanda shi ne jarumin, har na haddace dogon jawabinsa na ƙarshe. Saura kwana huɗu shugaba ya karɓe ya ba wani yaro da ya fi ni Larabci da murya, ni kuma ya ba ni ɗan garuwa: in turo kura, in sauke jarka biyu a gidan mai unguwa, in karɓi kuɗi, in fita. Magana uku. Ban ce komai ba. Ranar wasa na kashe wayata, na tafi bakin kogin Shari na zauna har aka yi isha.

Washegari na jira faɗa, faɗa bai zo ba. Kawu ya zo gidanmu kamar kullum, ya gaisa da yayarsa, ya amsa gaisuwata, ya sha shayinsa. Na ji a bakin wasu cewa shi ya yi matsayi biyun, mai gadin asibiti da ɗan garuwa, yana canza hula a bayan tabarma. Shirun nan nasa ya fi mini duka ciwo. Na daina bi ta layin rumfarsa, nakan zagaya ta wajen masu gawayi don kada mu haɗu. Wata huɗu muna haka.

A watan Janairun 2011 aka sake buɗe silimar Normandie da ke kan titin Charles de Gaulle, bayan ta yi shekaru masu yawa a rufe. Abin da ya jawo haka shi ne fim ɗin Mahamat-Saleh Haroun mai suna Un homme qui crie, wato mutumin da ke kururuwa, wanda ya ci kyautar alƙalan gasa a bikin fina-finai na Cannes a 2010. Ƙasar da ba ta da gidan silima ko ɗaya mai aiki ta ciyo kyauta a babban bikin fina-finan duniya, abin ya zama abin kunya, gwamnati ta gyara ginin. Wata yamma sai ga Kawu a ƙofar gidanmu cikin babbar riga, ya ce, "Sa takalminka, ka raka ni." Ban tambayi ina ba.

Wannan ne karo na farko da na shiga silima ta gaske, kuma karo na farko da na ga titunan garinmu a bango mai girman gida. Fim ɗin labarin Adam ne, tsohon zakaran ninkaya da kowa ke kira Champion, wanda ya shafe rayuwarsa yana kula da wurin iyo na wani babban otal. Sababbin masu otal, 'yan ƙasar Sin, suka ga ma'aikata sun yi yawa, suka bar wa ɗansa Abdel wurin iyon, shi kuma suka mai da shi mai gadin ƙofa, yana ɗaga ƙarfen shinge yana saukewa, motoci suna yi masa ham. A lokacin yaƙi yana matsowa, mai unguwa yana matsa masa ya kawo gudummawa, kuɗi ko ɗa. Adam ya bar sojoji suka tafi da ɗansa, ya koma bakin ruwansa. Daga baya nadama ta kama shi, ya hau baburinsa mai akwati a gefe ya tafi ɗauko yaron, amma ya makara.

Mu da muka gudu Kuseri da ƙafa a farkon Fabrairun 2008, lokacin da 'yan tawaye suka shigo har tsakiyar gari, ba mu buƙaci a fassara mana komai ba. Amma ni abin da ya tsaya mini a maƙogwaro daban ne. Ina kallon mutumin da aka ɗauke daga tsakiyar fili aka ajiye a bakin ƙofa, ya kasa haɗiyewa, har ya yi abin da ba ya gyaruwa. Duhun silimar ya rufa mini asiri.

Da muka fito muka zauna wurin wani mai shayi. Na shirya jin wa'azi. Kawu ya kurɓi shayi ya ce, "Ka lura da hannun rigar?" Na ce wace riga. Ya ce, "Kakin gadin da suka ba shi. Ya ɗage masa, wuyan hannunsa a waje. Ba kuskure ba ne, da gangan aka zaɓa. Kafin ya buɗe baki rigar ta gama faɗin an wulaƙanta shi." Sai ya koma kan kukun otal ɗin, David, abokin Adam da aka sallama daga aiki ya kwanta ciwo. Fitowarsa kaɗan ce, Marius Yelolo ne ya yi shi. Kawu ya ce, "Ba don kukun nan ba, da ba mu san abin da Champion yake tsoro ba. Shi ya nuna mana ramin kafin mutumin ya faɗa." Haka ya bi su ɗaya bayan ɗaya, har matar Adam, Hadje Fatime N'Goua, da yadda take kallon mijinta a kan tabarmar cin abinci sa'ad da uba da ɗa suka daina magana. Maganar ɗan garuwa bai ɗauko ta ba, ni ma ban ɗauko ba.

A daren ne na fara jin tarihin wanda ya fito a Adam, Youssouf Djaoro, ɗan Injamena da aka haifa a 1963. Kawu ya san fuskarsa tun fim ɗin Daresalam na Issa Serge Coelo a shekarar 2000, labarin abokai biyu, Koni da Djimi, da zaluncin masu karɓar haraji ya tura su tawaye. Djaoro ba ya cikin biyun. A gefe yake, a matsayin wani mai suna Tom. Daga nan Haroun ya ɗauke shi a Daratt, wato rani, a 2006, fim ɗin da ya ci kyauta ta musamman ta alƙalai a bikin Venis. Labarin na Atim ne, yaro ɗan shekara goma sha shida da kakansa makaho ya ba shi bindiga ya je ya kashe wanda ya kashe ubansa, bayan an sanar a rediyo cewa an yi wa masu laifin yaƙi afuwa. Djaoro ne wanda za a kashe, Nassara mai gidan burodi, mutumin da aka taɓa yanka a maƙogwaro, ba ya iya magana sai ya danna wata 'yar na'ura a wuyansa. Ka duba wannan aiki: an ƙwace wa ɗan wasa muryarsa, an ce ya sa mu ji tsoronsa, sannan mu ji tausayinsa, da kafaɗa da ido da yadda yake murza ƙullin fulawa. Idan Nassara bai zama mutum a idonmu ba, harbin iska da Atim ya yi a ƙarshe don ya ruɗi kakansa ba shi da wata ma'ana. A wannan tsakanin kuma ya fito a Tartina City na Coelo, a matsayin Kanal Koulbou mai kula da kurkukun azaba, wanda duk wanda ya rayu a zamanin Hissène Habré ya san irinsa.

Adam ne ya kai shi ƙololuwa. A 2010 bikin fina-finai na Chicago a Amurka ya ba shi kyautar gwarzon ɗan wasa. A lissafina na wancan lokaci, wanda ya hau nan ba ya sauka. Sai ga shi a Grigris na Haroun a 2013 an ba wani matashi mai rawa da shanyayyiyar ƙafa, Souleymane Démé, jarumi, Djaoro kuma ya koma ɗan ƙaramin matsayi. A 2014 ya fito a wani fim ɗin Faransa na Robert Guédiguian, Au fil d'Ariane, a matsayin wani dattijo mai gadi. Da na karanta wannan a intanet na je rumfa na gaya wa Kawu. Ya dakatar da keke ya yi dariya har da tari, ya ce, "Ka ga, har Faransa sana'armu ta kai."

Kada mai karatu ya ɗauka ina so in shafa wa abin zuma. Matsayin gefe ba ya ciyar da mai shi a ƙasashenmu. A Ingila ɗan wasa zai iya rayuwa a kan ƙananan matsayi, yau dandamali, gobe talabijin, jibi fim, kuma akwai kyaututtuka da aka ware wa masu taimaka wa jarumi. Judi Dench ta ci Oscar a 1999 da fitowar da ba ta wuce kimanin minti takwas ba, a matsayin sarauniya. A Chadi kuwa sai a yi shekaru ba a yi babban fim ba, shi ya sa ko ɗan wasan da ya fi kowa suna a ƙasar za ka iya ƙirga fina-finansa ba ka gaji ba. A Kano fina-finan suna da yawa, amma kowa ya tuna ƙurar da ta tashi a 2022 lokacin da dattijuwa Ladin Cima ta shaida wa BBC Hausa cewa abin da ake ba ta a fim yakan kasance naira 2,000 zuwa 5,000. Wasu furodusoshi sun musanta, an yi ta cacar baki, amma tambayar da ta tayar tana nan: waye yake kula da iyayen da suka tsufa suna fitowa a uwar jarumi da uban jaruma? Kawu bai taɓa sayen buhun gero da kuɗin wasa ba. Keken ɗinki ne ya riƙe gidansa. Idan ƙungiyar agaji ta biya, rabonsa ba ya wuce kuɗin kilando da sabulu.

Mu Hausawa ma harshenmu bai yi musu adalci ba. Idan muna so mu rage darajar mutum sai mu ce ɗan amshin Shata ne, alhali duk wanda ya saurari Mamman Shata da kunnen basira ya san a kan amshin nan yake hutawa, a kansa yake ɗora baiti na gaba. Muna cewa ɗan rakiya, muna cewa cikon benci. Ban san wata kalma ta yabo da muka tanadar wa wanda ya iya tsayawa a gefe da kyau ba.

Kawu ya rasu a 2019, bayan gajeriyar jinya. A zaman makoki, rana ta biyu, wani mutum ya matso kusa da ni a tabarma. Yaron nan ne da aka ba likita, ya zama magidanci har da furfura ɗaya-ɗaya. Ya yi mini ta'aziyya, sannan ya ce, "Ka san ranar nan da ba ka zo ba?" Gabana ya faɗi. Ya ce shi dogon jawabinsa babu wanda ya saurara, yara suna ta guje-guje. Abin da mutane suka tafi da shi gida ɗan garuwa ne. Kawu ya turo kura yana riƙe da ciki kamar mai murɗa, ya ɓuya bayan tabarma, ya fito yana gyara wando, ya goge hannu a riga, sannan ya tsoma hannun nan har wuya a cikin jarka don ya ciro wani ɗan haki, ya miƙa wa matar mai unguwa ruwan yana murmushi. Ya ce mata suka miƙe tsaye suna ihu, "Kar ki sha! Kar ki sha!" Wata tsohuwa har ta jefe shi da takalmi. Babu ko ɗaya daga wannan a rubuce. Magana ukun nan dai su ya faɗa, bai ƙara ko ɗaya ba.

Sai a kan tabarmar makokin nan na gane abin da aka ba ni na wulaƙanta. Ta hannun ɗan garuwa cutar take shiga gidan. In babu shi babu mara lafiya, babu asibiti, babu abin da likita zai yi jawabi a kai. Shekara tara Kawu yana riƙe da wannan labari, muna shan shayi tare, muna zuwa Normandie tare, bai taɓa buɗe baki ya ce ga abin da ka yar ga abin da na yi da shi ba. Ni kuma shekara tara ina cewa gobe zan ba shi haƙuri. Na ɗauka rakiyar da na yi masa zuwa silima ta wadatar. Wataƙila a wurinsa ta wadatar. A wurina ba ta wadatar ba, ga shi kuma babu wanda zan faɗa wa.

Bayan shekara biyu Haroun ya fito da Lingui, wanda aka nuna a gasar Cannes ta 2021. A kwamfutar wani abokina na kalle shi. Labarin Amina ne, matar da take zare wayoyin cikin tsofaffin tayoyi tana saƙa murhun gawayi tana tallarsa a titunan Injamena, da 'yarta Maria 'yar shekara goma sha biyar da ta yi ciki. Fim ɗin na mata ne daga farko har ƙarshe. Djaoro yana ciki a matsayin Brahim, maƙwabcin da yake neman auren Amina, dattijo mai fara'a da taushin murya. Fitowarsa ba ta da yawa. Sai can ƙarshe ake gane shi ne ya yi wa yarinyar fyaɗe. Na mayar da fim ɗin baya na sake kallon wuraren da ya fito, na ga ashe komai yana nan tun farko, a yadda yake tsayawa a bakin ƙofa, a yadda kirkinsa ya ɗan yi yawa. Mutumin da ya ciyo kyauta a Chicago ya karɓi matsayi mafi muni kuma ɗan ƙarami, ya yi shi yadda matan nan biyu za su haskaka. Na juya zan ce, "Kawu, ka lura da..." sai na tuna.

Yanzu ina tsaron shagon yayana a cikin kasuwar Dembe, layi uku daga inda rumfar Kawu take. Sunan yayana ne a allon shagon, ni ne mai awo da rubuta bashi. Na koma ƙungiyar wasan, ko da yake yawancin tsofaffin sun watse, yara ne sababbi masu ɗaukar komai da waya. Matar Kawu ta ba ni tsohuwar hular nan da ta samu a aljihun keken ɗinkinsa, ita nake sawa idan an ba ni mai gadi, kuma kusan kullum shi ake ba ni. A watan jiya wani yaro da aka ba ɗan aike ya zo yana huci, ya ce shi bai shigo ƙungiya don ya zama cikon benci ba. Na buɗe baki zan yi masa dogon bayani, sai na fasa. Na tambaye shi ko ɗan aiken nan ya karya kumallo kafin a aike shi. Ya dube ni kamar na zautu. Ranar wasa dai ya zo.

Allah Ya jiƙan Kawu, Ya jiƙan Daso da sauran waɗanda suka riga mu, Ya sa sun huta. Masu rai a cikinsu kuma, a Kano da Injamena da ko'ina, Allah Ya ba masu shirya fim ikon biyan su haƙƙinsu tun guminsu bai bushe ba.